Na Tafi Neman Shaida, Na Dawo Da Burtali

Tun da na dawo daga Nijar ban huta da tambaya ba. In na zauna a bencin Tanko tela a bakin Babbar Kasuwa, tambaya. In na fito masallaci a Unguwar Kanawa, tambaya. Wasu labarin hanya suke so. Wasu kuwa, na san su sarai, so suke su ji daga bakina cewa na tafka wauta, su sami abin dariya. To, zan faɗa sau ɗaya, wanda ya ji ya gaya wa wanda bai ji ba. Kuma tun yanzu ku sani, ban yi nadama ba ko kaɗan.

Ga wanda bai san ni ba, ni ne Ɗanlami Majigi. Sana'ata haska fim da tsohuwar na'ura mai faifai, ina yawo makarantu da ƙauyuka. Yanzu da bidiyo ta shigo kowa ya koma Indiya da 'yan Cana masu tsalle-tsalle, ni kuwa ina nan kan kaboyi, kuma a kansa zan mutu. Akwai guda da na fi so, faifai uku ne, kowanne cikin gwangwaninsa. Wani manomi ne ya zo da iyalinsa a keken doki, ya sami fili mai idon ruwa, ya kewaye shi da waya mai ƙaya. Sai wani mai garken shanu, mai baƙar hula, ya ce sai an cire wayar shanunsa su sha. Manomi shi ne ekta, mai shanu shi ne bos. A gwangwani na uku ake yin ta ta ƙare, ekta ya harbe bos a tsakiyar gari, a tafa, a watse. Turancin ba wani jinsa nake sosai ba, amma ni ke fassara wa 'yan kallo, kuma har yau ba wanda ya kama ni.

Abin da ya fitar da ni daga Kaduna gona ce. Mahaifina, Malam Audu, Allah ya ji ƙansa, ya bar mana gona a bayan Malali, a gangaren kogi. Tun rasuwarsa Inna ce ke riƙe da ita. Tsohuwa ce, amma kullum da sassafe tana can, musamman a lambunta na gefen yamma inda take tumatir da alayyaho. Wata Asabar ta je ta tarar an kafa turakun siminti an ja waya mai ƙaya ta gefen gabas, ta cinye rabin gonar har da mangwaron da Baba ya dasa. Aikin wani tsohon babban ma'aikaci ne da ya yi ritaya. Ba zan kama sunansa ba, Mai Waya muke ce masa. Gonar maƙwabcinmu ya saya, sai wayarsa ta yi ƙiba ta shigo tamu.

Muka je gaban mai unguwa. Mai Waya ya zaro takarda mai hatimi, mu kuwa ba mu da ko fallen takarda. Mai unguwa ya lallashe shi ya dakata da tona harsashin gini na mako biyu, mu kuma mu kawo rayayyen shaida wanda ya ga sanda aka yanka iyaka. Da za mu fita Mai Waya ya dube ni yana murmushi ya ce, "Malam mai majigi, wannan fa ba fim ba ne." Wallahi maganar nan ta ƙona mini rai.

Na koma gida na ɗauki filaya zan je in datse wayar, Inna ta tare ƙofa. Ni ɗan fari ne, ba ta kama sunana. Ta ce, "Kai wannan, zauna." Ta ce shekarar da Baba ya sare gonar, ita ta ba da tukwane huɗu, aka cika su da gawayi aka binne a kusurwoyi huɗu, don gawayi ba ya ruɓewa, gara ba ta cinsa. Ita ba ta je wurin ba, maza ne suka je, kuma duk sun rasu sai mutum ɗaya: Jauro Bello, Bafulatanin da ke sauke shanunsa a gonarmu kowace rani su ci kara su bar taki. Ta ce ya yi arewa tun ina ƙarami, can bayan Maradi aka ce.

Na ce, "Me ya kore shi?"

Inna ta kau da kai ta ce, "Shanunsa jajaye ne, tsaga biyu a kunnen hagu." A lokacin ban lura ba ta amsa tambayata ba.

Na yanke shawarar tafiya da majigina. Baƙon da ke yawo yana tambayar mutum, ana ɗaukarsa ɗan sanda ko mai mugun nufi, amma mai majigi ko'ina maraba ake yi da shi. Matata Hajara ta haɗa mini guzuri, na suri gwangwani uku daga saman tulin gwangwanayen fim da ke ƙarƙashin gado, na nufi tashar Kawo da asuba.

Direban fijo ya ce sai dai a ɗaure majigi a saman mota. Na ce sai dai a ɗaure ni a can, ita ta zauna a kujera. A cinyata na riƙe ta har Katsina, na sauka ƙafafuna kamar ba nawa ba. Kusa da ni wata Hajiya ce mai fataucin atamfa. Da farko ta ɗauka keken ɗinki ne. Da ta ji na fim ne ta yi mini wa'azi tun daga Jaji har Zariya, cewa aikin Shaiɗan nake yi. Muna barin Zariya kuma ta ce, "To, wai me ake yi a cikin fim ɗin?" Na ba ta labari har Funtuwa, da harbi da sukuwa da komai. Da na kai ƙarshe ta ce, "Shanun fa, sun sha ruwan?" Na ce, "Haba Hajiya, wa ke ta shanu? An kashe bos!" Ta taɓe baki ta koma ga goronta.

A Katsina na kwana a ɗakin wani ɗan'uwan Hajara, washegari na bi motar Jibiya. Da muka tsallaka ɓangaren Nijar aka sauke mu da kayanmu. Wani jandarma siriri mai ɗan gashin baki ya duba takarduna, ya kira ni "Mushe", wato malam a Faransancinsu, ya ce, "Mi ke cikin wanga akwati?" Na buɗe masa. Ya buɗe gwangwanin farko, ya ja zaren fim ya ɗaga wa rana, ya ga ƙananan dawakai a jere, ya kira abokin aikinsa su kalla tare. Na biyu ma haka. Da ya buɗe na uku sai ya ɗago ya dube ni. Na leƙa. Dambun nama ne, maƙil!

Ashe Hajara ta saba ajiye kayanta a gwangwanayen da ba komai a ciki, wai tururuwa ba ta shiga. Ta zuba mini guzuri a guda ta ɗora a saman tulin, ni kuma na ƙirga uku daga sama na fito. Faifai na uku, mai harbe-harben, yana can Unguwar Kanawa ƙarƙashin gado. Jandarman nan ya yi dariya har ya zauna a ƙasa. Na damƙo masa dambun don haushi, ya ci ya ce a duk finafinan da ya taɓa gani wannan ya fi daɗi. Na so in juya, amma kwanaki ba za su bari ba.

A Maradi na sauka wurin Isufu, makanikin janareto, su can gurup suke ce mata. Na san shi tun yana zuwa Kaduna sayen kayan gyara. Mutanen Maradi Hausawa ne kamarmu, amma kai, akwai bambanci. Burodinsu dogo ne kamar sandar makiyayi, in ka bar shi ya kwana kana iya dukan ɓarawo da shi. Rana na take tsaka kowa ya rufe shago ya kwanta, ko gobara ake yi sai la'asar. Fura kuwa safe fura, rana fura, har na fara mafarkin tuwon shinkafar Hajara. Amma ba wanda zai tambaye ka abin da ya kawo ka sai ka sha ruwa ka huta, wannan kam sun fi mu.

Ranar da na isa da yamma na kusa jawo wa kaina. Muna tafiya kusa da wani ofishin hukuma sai na ji busa, kowa ya tsaya cak, masu keke suka dire, wata mai tallar gyaɗa ta ƙame da faranti a ka. Ni kuwa na ci gaba da tafiyata ina ba Isufu labari. Sai ji na yi ya finciko rigata yana raɗa, "Tsaya, Ɗan Najeriya, tuta ake saukewa!" Na ƙame da ƙafa ɗaya a gaba. Na ce masa a Kaduna in aka ce kowa ya tsaya don tuta, sai a sayar da tutar kafin ta iso ƙasa.

Da safe muka je kara, wato kasuwar shanu. Na yi ta tambayar Jauro Bello, aka yi ta nuna mini Bello iri-iri, har da wani da bai kai ni shekaru ba. Rana ta yi zafi, raina ya ɓaci. Sai na tuna maganar Inna, na ce wa wani tsohon dillali, "Jajaye, tsaga biyu a kunnen hagu." Ko tunani bai yi ba ya ce, "Af, ka hwaɗi haka tun ɗazu mana! Na tsohon ga ne mai hushi da Najeriya." Ya kwatanta mana wata rijiya kusa da wani ƙauye a hanyar Dakoro, mai kasuwar Laraba.

Muka hau wata tsohuwar akori-kura, mu da awaki da buhunan gishiri da gurup ɗin Isufu. Sau uku tana kafewa a yashi muna sauka muna turi. Wani bunsuru ya cinye mini gefen hula ina ji ina gani, don hannuwana duka biyu suna riƙe da majigi.

A bakin rijiya na same shi, dogon tsoho mai malfa, yana tsaye ana jan guga da sa. Na durƙusa na gaishe shi. Na ce, "Baffa, ni ɗan Audu ne na Kaduna, mai gona a gangaren kogi."

Ya daɗe yana dubana. Ya ce, "Audu yana raye?"

Na ce ya rasu. Ya yi masa addu'a, ya sa aka kawo mini nono a ƙwarya, ya saurari labarina tun daga waya har mako biyun mai unguwa, bai katse ni ba. Da na gama ya ce, "Na san tukwanen. Ba ni zuwa." Ya juya ga shanunsa.

Jama'a, na yi tafiyar kwana huɗu, na rasa faifai, bunsuru ya ci hulata, mutum ya ce ba ya zuwa! Na buɗe baki zan faɗi abin da zan yi nadama, Isufu ya mintsine ni. Ya ce gobe kasuwa, makiyaya duk za su shigo gari, in haska fim ɗin, in gayyaci tsohon. Wanda ya zauna a tabarmarka, in ji shi, ya fi sauƙin roƙo.

Mai garin ya ba mu wani tsohon siton gyaɗa da ba kowa a ciki. Bayan azahar muka toshe tagogi da tabarmi, muka rataya farin zane, Isufu ya tayar da gurup a waje. Sito ya cika. Ba wanda ya tsara, amma manoma suka zauna dama, makiyaya hagu da sandunansu, mai gari a tsakiya bisa kujera. Jauro ya shigo daga baya ya tsaya jikin bango. Zafi kamar a tanderu, amma ba wanda ya motsa.

Na zage na yi fassarar da ban taɓa yi ba. Da manomi ya ja wayarsa ya share gumi, na ɗaga murya, "Ga ekta nan, namijin duniya, ya kare haƙƙinsa!" Dama ta tafa. Hagu shiru. Da aka nuno shanu sun yi cirko-cirko a bakin waya suna kuka, ga ruwa suna gani, wani ɗan maraƙi ya sarƙe a ƙaya, sai na ji nishi ya tashi daga hagu kamar an yi rasuwa. Da mai baƙar hula ya zo ya datse wayar, tabɗijam! Makiyaya suka miƙe tsaye suna ɗaga sanduna suna kirari.

Na ce, "Ku tsaya, ku tsaya! Wannan fa shi ne mugun!"

Wani ya ce, "Mugun wa? Ba ka ga shanu na mutuwa ba?"

Faifai na biyu ya ƙare daidai inda kowannensu ya ɗaura bindiga ya hau doki. Zane ya yi fari. Aka ce a ci gaba. Na ce saura yana Kaduna, amma zan faɗa da baki. Na faɗa musu yadda ekta ya harbe bos ya faɗi a turɓaya. Sito ya kaure. Na dama na murna, na hagu na rantsuwa ƙarya nake, na ɓoye faifan ne don in kare manomi.

Mai gari ya buga sandarsa, aka yi tsit. Ya gyara zama sosai kamar an kawo masa ƙara. Ya ce, "Baƙo, kahin manomin ga shi zo, ina shanu ka shan ruwa?"

Na ce, "A nan idon ruwan, ranka ya daɗe."

"Da ya ja waya tai, ya bar musu burtali, hanyar da za su bi su kai ga ruwa?"

"Bai bari ba."

"Garin nasu babu dattawa? Wa ya shaidi iyaka? Su kuma waɗancan masu gashin tsuntsu a kai da munka ga an kora tun hwarkon fim ɗin, gaban wa suka kai ƙara?"

Shekara da shekaru ina haska fim ɗin nan, ba wanda ya taɓa yi mini waɗannan tambayoyi. Na ce, "Ranka ya daɗe, fim ne fa."

Sai murya ta fito daga jikin bango. Jauro ne. Ya ce, "Ɗan Audu, wannan ektan naka na san shi. Shekara goma sha biyu ina shan fura da shi."

A waje, gaban mutane, ya faɗi sauran. Ya ce ta yammacin gonarmu akwai burtali da ke gangarawa kogi tun kafin a haifi Baba. Shekarar da Baba ya ga lambu na kawo alheri, sai ya dasa shingen bini-da-zugu ya toshe burtalin, ya mai da shi lambu. Dole shanun Jauro suka riƙa zagayawa ta kan kwalta, har wata babbar mota ta banke masa saniya mai ciki. Ya je ya sami Baba, Baba ya ce masa, "Jauro, gari ya iso, zamanin burtali ya wuce." Jauro bai kai ƙara ba. Ya kaɗa shanunsa ya yi arewa, bai sake waiwayowa ba.

A tona wa ubana asiri yana kabari, a ƙasar mutane! Na ce, "Baffa, da girmanka kake ƙarya?"

Bai ɗaga murya ba. Ya ce, "Tambayi uwarka."

Nan na tuna yadda Inna ta kau da kai.

Ya ce, "Zan bi ka, don matar Audu ba ta taɓa hana 'ya'yana tuwo ba. Amma tukwane huɗu muka binne. Biyu na gabas za su kori mai wayarka. Biyu na yamma suna tsakiyar lambun uwarka. In ba ka iya huɗu, bar ni da shanuna."

Isufu ya ja ni gefe ya ce in amsa kawai, in an tona biyun gabas sai in sa tsoho a mota, wa zai sani? Na zauna bayan sito ni kaɗai da gwangwanin dambu, ina ci ina haɗiye baƙin ciki. Haushin Jauro nake ji, da haushin Baba, da kunya. Lambun nan shi ne rayuwar Inna. Amma na ga ba yadda zan tsaya gaban Mai Waya in kira shi ɓarawon ƙasa alhali ina tsaye kan hanyar da muka sace. Na tashi na je na ce, "Baffa, huɗu."

Dawowa ba ta yi wuya ba, sai a iyaka. Jauro ba shi da wata takarda, bai ma taɓa yi ba. Tun kafin shingen jandarma ya ce wa direba ya tsaya, ya sauka da sandarsa ya shige daji. Hankalina ya tashi, na ce shi ke nan shaida ya gudu. Muka gama layi da buɗe gwangwani, jandarman nan na tambayata ko akwai sauran fim mai daɗi, muka iso Jibiya. Sai ga tsoho zaune gindin bishiya yana shan fura. Ya ce, "Kun daɗe. Ni hanyar shanu na biyo, ita ba ta da mai tambaya."

Da muka isa gida Inna ta fito, ta ja mayafi ta rufe rabin fuska. Suka yi ta gaisuwa kamar ba za su daina ba. Can ta ce, "Jauro, ka tsufa."

Ya ce, "Ke ma, matar Audu."

Sannan ta ce, ba tare da ta dubi kowa ba, "Na gaya wa marigayi tun a lokacin."

Ranar da mako biyu suka cika, da hantsi, muka hallara a gona: mai unguwa da dattawansa, Mai Waya da takardarsa da laima, Tanko tela da rabin 'yan bencinmu da suka zo kallo. Jauro ya fara daga wani baƙin dutse a bakin kogi, ya yi ta taku yana magana da kansa, ya wuce mangwaro, ya nuna wani wuri can cikin waya da sandarsa. Maigadin Mai Waya ya ce ba a shiga. Na ce ya kira duk wanda zai kira. Na ɗaga waya na kutsa, ta yage mini riga tun daga kafaɗa har ƙugu.

Na yi ta tona. Rami ya kai gwiwa, babu komai. Mai Waya ya ce, "Malam mai majigi, an kusa tashi daga fim ɗin ne?" Aka yi dariya. Na ci gaba da sara. Ramin na kai cinya sai fartanya ta ce ƙwas. Na ajiye ta na shiga yaye ƙasa da hannu. Tukunya ce, bakinta rufe da fasasshen kasko, cikinta gawayi baƙi ƙirin kamar jiya aka zuba. Inna ta leƙa ta ce, "Tawa ce, ga inda bakinta ya ɓalle." Ta biyu ba ta ba mu wahala ba.

Mai unguwa ya ce magana ta ƙare, a mayar da waya bayan tukwane. Mai Waya ya yi ta faɗa yana kaɗa takarda, wai za mu haɗu a kotu. Na ce ya je, ni da tukwanena za mu riga shi isa. Ya shiga motarsa ya tafi. Tanko ya ɗaga hannuna sama yana ihu, "Ekta! Ekta!" Mutane suka fara kama hanya.

Na waiwaya. Jauro na tsaye ya jingina da sandarsa yana kallon kogi. Bai ce uffan ba, kuma na tabbata da na yi shiru ba zai ce ba, sai dai ya koma arewa da abin a ransa kamar karon farko.

Na ce, "Ranka ya daɗe, a dakata. Saura biyu."

Na shiga lambun Inna na fara tumɓuke tumatir inda Jauro ya nuna. Tanko ya ce, "Ɗanlami, ka haukace ne? An ba ka gaskiya, kana tona wa kanka rami?" Ban kula shi ba. Tukwanen suka fito, ɗaya a tsakiyar tumatir, ɗaya a gindin alayyaho. Duk abin da ke yammacinsu ba namu ba ne, kuma shi ne wuri mafi kyau a gonar, mafi kusa da ruwa. Na gaya wa mai unguwa gaban kowa cewa wannan burtali ne, mahaifina ya toshe shi, a shaida mun buɗe.

Na kasa duban Inna. Sai na ji ta ce, "Kai wannan, miƙo adda." Na miƙa mata. Ta taka har gindin shingen da mijinta ya dasa, ta kai masa sara. Sara uku ta yi kafin reshen farko ya faɗi, hawaye na zuba, ba ta goge ba. Sannan ta ba ni addar ta ce in ƙarasa.

Jauro ya kwana biyu a gidana. Na zaro faifai na uku daga ƙarƙashin gado na ce in haska masa ƙarshen. Ya ce in mayar da shi inda yake, ya ga isasshe. Na raka shi Kawo ya hau mota. Shanunsa ba za su taɓa bin burtalin nan ba, ya yi nisa, ya kuma tsufa. Shi ma ya sani.

To, wannan ita ce wautar da kuke son ji. An cire turakun gabas, mangwaronmu ya dawo. Sammacin kotu har yau ban gan shi ba, in ya zo ina nan. Na ji Mai Waya na cewa tunda burtalin ba na kowa ba ne zai nemi takardarsa. To, ya je ya nema. Duk Juma'a ina can da addata, kuma duk wanda ya kafa turke a hanyar nan, ko shi ko wani, ko ɗan da na haifa, zan tumɓuke shi da rana tsaka. Masu cewa na je ceto rabin gona na dawo na kyautar da lambu, ku ci gaba da faɗa. Gonar ubana ce, ba ta ubanku ba.

Shekaranjiya ina gonar sai ga garke ya ɓullo daga wajen kwalta. Makiyayin baƙo ne, ya tsaya a bakin burtali yana waige-waige, ya ga hanya sabuwa fes har kogi tsakanin gonaki, yana tsoron ko tarko ne a kama shi a ce ya yi ɓarna. Shanu na ta turereniya, sun ji ƙanshin ruwa. Inna na duƙe a ɗan abin da ya rage mata na lambu. Ta miƙe ta riƙe ƙugu, ta daka masa tsawa.

"Me kake jira? Wuce mana, hanyarku ce! Amma wallahi saniya ɗaya ta taɓa mini alayyaho, sai ka gane ba ka da wayo."

Ya kaɗa su suka gangara.